Yadda Don Casimiro Ya Mayar da Su Wa da Ƙane

Madrid, 6 ga Fabrairu, 1978

Gwaggo Herminia,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan takardar nan ta same ki lafiya, kuma murar da Baba ya ce ta kama miki maƙogwaro ta sake ki. Ni lafiya lau, ban da gyambon ciki da ke tasowa duk ranar da na ga fuskar Don Casimiro. Fermín yana gaishe ki, ya ce rigar da ya yi miki alkawari tana kan keken ɗinki, maɓallai kawai suka rage.

Gwaggo, mun gama ɗaukar fim ɗin. Wata biyu muka yi a Cádiz iskar teku tana kaɗa mu. Ga labarin a taƙaice, tunda ban taɓa ba ki shi ba. Damián ma'aikacin kwastan ne a tashar jiragen ruwa, mutum mai shiru-shiru. Ana ta tsintar gawar ma'aikatan jirgi a bakin tasha, an rasa mai kisan. Sai ga wani baƙo, Ciro, ya sauko daga jirgin kaya da yanka a tafin hannu, ba ya kuma son a tambaye shi inda ya samo shi. Damián ya ba shi masauki. Duk shaidar da ta fito Ciro take nunawa, shi kuwa Damián kullum son sa ƙaruwa yake a ransa. Fim ɗin ke nan: mutum yana kwance kusa da wanda ba ya iya rabuwa da shi, bai sani ba ko hannun da ke shafa wuyansa shi ne zai shaƙe shi.

Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Kin san abin da ya sa na rubuta wannan labari, ko da ba mu taɓa zama mun ambata ba. Ba don tsadar haya ni da Fermín muke ɗaki ɗaya ba.

To ga matsalar. Don Casimiro, mai kamfanin kifin gwangwanin da ya ɗauki nauyin fim ɗin, da farko murna ya yi ta yi. Ya ce tun da aka rushe hukumar tace fina-finai, duk fim ɗin da aka cire riga a ciki yana cika silima. Sai makon jiya wani ya raɗa masa cewa dokar da ke ɗaure irinmu tana nan daram ba a soke ta ba, ya kuma tuna makarantun coci ne ke sayen rabin kifinsa. Ya kira ni ofis, ko kujera bai nuna mini ba.

Ya ce, "Yaro, ba zan yanke komai ba, da gumina na sayi kowane hoto. Tsiraicin ma a bar shi, shi ke sayar da tikiti. Magana kawai za a gyara. 'Yan'uwa ne, wa da ƙane. An raba su tun suna ƙanana, yanzu sun haɗu."

Na ce, "Don Casimiro, ai akwai sumba a ciki."

Ya ce, "To sai me? Ni ban sumbaci ƙanena ranar bikinsa ba?"

Kin fi ni sanin yadda muke aiki. Ba mu ɗauki sauti ba, kamar kowa, baki kawai ke motsi, sai an kawo muku Barcelona ku ɗora murya. Har ya sa an rubuta masa sabuwar magana, yarjejeniyarmu kuma shi ta ba wa ta cewa. An riga an kama silima, farkon watan Mayu za a buɗe. In aka yi haka, Gwaggo, fim ɗina ya mutu, sunana ne kawai zai rage a kan gawar.

Ina roƙonki abu ɗaya. Ɗakinku na ɗora murya zai aiko wa aikin. Ki ƙi. In Herminia Olmedo ta ce a'a, babu wanda zai buɗe baki a gaban makirufo a garin nan, ya san kuma babu lokacin kai shi wani wuri.

Ɗanki,
Leandro

Barcelona, 15 ga Fabrairu

Leandro ɗana,

Na gaishe ka, na gaida Fermín, ka ce masa maɓallan su zama baƙaƙe. Maƙogwaro ya warke. Likita ya ce in bar taba, na ce masa tabar ce ta ba ni muryar da matarsa ke zuwa silima ta saurara. Gwiwa ce dai ba ta son matakala. Kai kuma ka sha madara, ka rage kofi da surutu.

Takardarka ta zo, ta Don Casimiro ma ta zo, da kwalin kifi a bayanta. Na karɓi aikin. Ni zan jagoranci ɗora muryar da kaina. Zan ba shi abin da ya nema cif, ba ragi ba ƙari, zan kuma yi shi da kyau fiye da duk aikin da na taɓa yi. Sharaɗi ɗaya na gindaya masa, ya kuwa yarda: ba zai ji komai ba sai an gama, ranar kuma ya zo da iyalinsa su gani tare.

Kada ka zo Barcelona, kada ka buga mini waya. Na san bakinka, ba ya ajiya, kana kuma shiga ofishin mutumin nan kullum.

Na kalli fim ɗin. Yaron da ya fito a Ciro bai iya tafiya ba, amma ya iya kallo. Batun cibiya kuwa, tun kana shekara goma sha biyar na gan ta, ka daina yi mini kamar ka tono wani abin da ke binne.

Gwaggonka,
Herminia

Madrid, 21 ga Fabrairu

Gwaggo,

Ina gaisuwa, tunda haka aka koya mini. Na ji daɗi maƙogwaro ya warke, ai zai yi aiki. Gyambona ba sai na ba ki labarinsa ba.

Na karanta takardarki a tsaye a bakin akwatin wasiƙu, na sake karantawa a zaune, ban ga ta canja ba. Kin karɓa. Za ki yi shi da kyau. Har kin sa sharaɗi ya zo da iyalinsa, wato a tsabtace shi yadda mata da yara za su iya kallo. Na kai kuka wurin da nake zaton za a share mini hawaye, ashe ƙarin barkono zan samu.

Laifina ne da na manta aikinki. Shekara talatin kina tsaye a gaban makirufo kina mayar da farka ƙanwa, kina mayar da sakakkiya matar mamaci, duk abin da hukuma ta miƙo miki ki karanta. Hukumar ta mutu, ke ba ki ji labari ba. Kin ce kin san ni tun ina shekara goma sha biyar. To kin san ni, amma kwalin kifi ya fi ni nauyi.

Abin ya yi mini ciwo, Gwaggo, fiye da na Don Casimiro. Shi tsoro ne da jahilci. Ke ce kika fara kai ni silima, kika zaunar da ni a cinyarki kina nuna mini wadda ke magana da muryarki.

Zan cire sunana daga fim ɗin. Fermín ya ce kada in aika da takardar nan sai na kwana a kanta. Na kwana, ga ta nan.

Leandro

Madrid, 28 ga Maris

Gwaggo,

Ina gaisuwa, da fatan kina lafiya. Shirun ya yi yawa. Ban sani ba ko yajin aikin gidan waya ne ya riƙe amsarki, ko fushi ne, ko gwiwar ce ta kwantar da ke. Baba ya ce shi ma bai ji daga gare ki ba.

Ban janye abin da na faɗa a kan fim ɗin ba, amma maganar kwalin kifi ban kyauta ba. Sunana ma ban cire ba tukuna, sau biyu ina zuwa ƙofar lauya ina juyowa. Don Casimiro yana ta washe baki, ya ce mako mai zuwa zai hau jirgin ƙasa da matarsa su zo su ga aikinki. Ko layi ɗaya ne ki rubuto in san kina numfashi.

Leandro

Barcelona, 9 ga Afrilu

Leandro, sarkin gaggawa,

Ina numfashi, ina kuma gaishe ka. Gwiwa da sauƙi. Takardunka biyu sun zo a kan kari, gidan waya ba shi da laifi. Ni na bar ka ka dahu a cikin ruwanka, don ka cancanta. Yanzu gyara zama ka ji.

Jiya bayan abincin rana suka zo ƙaramin ɗakin kallonmu. Don Casimiro da sigarinsa, matarsa Doña Amparo da hular gashin tsuntsu, sai yayanta Fada Anacleto, limamin coci, wanda ban sa rai da shi ba, Allah ne ya kawo mini shi. Na zaunar da su a gaba, na koma baya inda zan ga ƙeyarsu.

Da farko komai lafiya. Gawa a bakin tasha, Doña Amparo ta dafe ƙirji, mijinta yana gyaɗa kai. Ciro ya sauko daga jirgi, Damián ya tsaya yana kallonsa irin kallon nan da ka ɗauka, murya kuma ta ce, "Ƙanena, kai ne?" Don Casimiro ya waiwayo ya ɗaga mini babban yatsa.

Sai wurin da Damián ke wanke masa ciwon hannu, daga hannu ya koma kafaɗa, daga kafaɗa ya gangara baya. Murya ta ce, "Haka Mama take yi mana wanka, ka tuna?" Na ga gashin hular nan ya daina motsi.

Doña Amparo ta ce, "Casimiro, me ya sa yake shafa ƙanensa haka?"

Ya ce, "Kewa ce, Amparo, sun daɗe ba su haɗu ba."

Ta ce, "Ni ma na shekara takwas ban ga Anacleto ba lokacin da yake Peru."

Aka zo ɗakin kwana. Ciro ya murɗa makulli, ya cire riga, murya ta ce, "Yaya, kashe fitila kamar yadda muke yi a gida." Ni ban ƙara ko wasali ba, abin da marubucinsa ya rubuta muka faɗa, muka kuma faɗe shi da zuciya ɗaya, kowace kalma ta hau leɓe daidai. Da suka haɗa baki, suka daɗe, suka rabu, sai murya ta ce, "Da Baba yana raye da ya yi alfahari da mu." Mai haska fim ya kasa daurewa, muna jin dariyarsa ta cikin bango.

Fada Anacleto ya miƙe ya ce a kunna fitila. Bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Suruki, ban ce na farkon daidai ne ba. Amma wancan zunubi ɗaya ne, na san sunansa, ina jin sa a ɗakin ikirarin zunubi tun kana sayar da kifi a baro. Kai ka zauna da hankalinka ka mayar da shi biyu."

Mutumin naka ya yi tsuru-tsuru, gumi har cikin kwalar riga. Ya ce a yanke wuraren. Na ce, "Sai dai in kai za ka riƙe almakashin, Don Casimiro. A wurin wankan ake ganin ciwon ba na wuƙa ba ne. A wurin sumbar ake ganin takalmin wani a bayan labule. In ka cire su babu wanda zai gane mai kisan, za a bar ka da jiragen ruwa da tsuntsaye." A nan na yaba maka a raina, ɗana. Ka saƙa shi yadda ba a zare zare ɗaya.

Ya ce, "To ya zan yi, Doña Herminia, silima tana jira?"

Na ce, "Ta gaskiyar tana cikin kabad."

Da safe muke ɗora taka kafin a buɗe ofis, da rana mu ɗora tasa. Ovidi, wanda ya ba Damián murya, ya shekara talatin yana gaya wa mata yana son su a madadin 'yan wasan Amurka. Da ya iso inda ka rubuta "Ina son ka", sai ya nemi a dakata ya sha ruwa. Ya dawo ya faɗa sau ɗaya, ban sa ya maimaita ba.

Doña Amparo ce ta yanke hukunci. Ta ce a sa ta gaskiyar, a kuma cire sunan kamfanin kifi daga kan fosta, ita kuma a ɗauka ba ta taɓa zuwa Barcelona ba. Don Casimiro ya sa hannu a gabana kafin su fita, ko sigarinsa bai tuna ya ɗauka ba.

Saura maganarka. E, na mayar da farka ƙanwa, na mayar da sakakkiya matar mamaci, na ci abinci da shi, ban kuma zo neman gafararka ba. Amma a wurin na koyi abin da masu ba da umarni har gobe ba su koya ba. Su a ganinsu in murya ta ce ɗan'uwa, ido zai ce na ji na bi. Mun sha zama a bayan silima muna jin mutane suna dariyar gyaran da aka sa mu yi, masu gyaran kuwa ba sa shiga silimar talakawa balle su ji. Da na ƙi aikin, da ya kai wa wani ɗan koyo a Madrid, ya kwaɓa shi, a sake shi haka. Abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba.

Kifin na raba wa maƙwabta. Fim ɗinka yana da kyau, har wuri ɗaya ya sa ni kuka, ba zan gaya maka inda ba don kada kanka ya kumbura.

Gwaggonka,
Herminia

Madrid, 7 ga Mayu

Gwaggo Herminia,

Gaisuwa da durƙuso har ƙasa. Da fatan gwiwa ta bar ki kin huta. Gyambona ya yi tafiya bai bar saƙo ba, jiya har wake da tsiran alade na ci. Na yi miki rashin kunya, ki yafe mini. Fermín ya karanta wa kansa takardarki sau ba adadi, wurin Peru kuwa ya haddace shi. Rigarki tana hanya da baƙaƙen maɓallai.

An buɗe ranar Juma'a da yamma. Wasu samari masu baƙin tabarau sun zo da fenti da ruɓaɓɓen ƙwai, sun ɓata fostar, sun kira mu da duk sunan da kika sani. 'Yan sanda biyu suna tsaye suna kallon sama. Mai silimar ya so ya rufe ƙofa, sai ya leƙa ya ga layi ya zagaya har bayan kantin magani. Ba wanda ya bar layi. Wata mata ƙwai ya fashe mata a kafaɗa, ta goge da jarida ta matsa gaba.

Na zauna a tsakiyar mutane, Fermín a gefena. Da Ovidi ya faɗi kalmar nan, wani a sama ya yi fito, sai muryoyi daga ko'ina suka ce masa ya rufe musu baki. Daga nan ɗakin ya yi tsit. Lokacin da Damián ya gano shugaban tasha ne mai kisan, yana gudu a kan gada don ya riga shi isa wurin Ciro, sai mutumin da ke zaune a gabana ya miƙe tsaye bai sani ba, sai da aka ja masa riga. Da aka nuna su biyun a kan jirgin fito da safe, Ciro yana barci a kafaɗarsa, aka yi tafin da ban taɓa ji ba. Na yi farin ciki, Gwaggo. Mai silimar ya ƙara mana mako huɗu, daga Valencia da Sevilla ma an bugo waya.

Bayan an kunna fitila mutane sun watse, wani dattijo ya rage a layinmu. Ya sa kwat da laktaye kamar mai zuwa coci, hularsa a kan gwiwa, yana kallon farin allo. Mai shara ya ce masa an tashi. Bai san ko ni wane ne ba, ya juyo gare ni don ni ke kusa.

Ya ce, "Ɗana, ya ƙare ke nan? Ko akwai saura?"

Na ce, "Ya ƙare, Baba."

Ya ce, "Babu wanda ya mutu a cikinsu?"

Na ce, "Babu."

"Ba a kama su ba?"

Na ce, "Ba a kama su ba."

Ya daɗe yana jujjuya hular. Ya ce tun yana saurayi yake shiga silima, duk inda ya ga irin waɗannan biyun ya san ɗaya zai faɗo daga bene ko a same shi da wuƙa a hannu, don haka tun da suka haɗa baki ya sunkuyar da kai yana jira, bai ga rabin fim ɗin ba. Ya sa hularsa, ya gode mini kamar na nuna masa hanya, ya fita.

Muna fitowa muka gan shi a ƙarshen layi, ƙarƙashin fostar da aka watsa wa fenti, yana jiran ya sayi tikitin kallo na gaba.

Ɗanki,
Leandro